Alf Ramsey, Yaron Kanti da Ya Kawo wa Ingila Kofin Duniya

Turawan Ingila su ne suka fara shirya dokokin wasan ƙwallon ƙafa, wanda a ke kira tamaula. Cikin shekarar 1863 suka kafa hukumar wasan a birnin Landan, daga can kuma 'yan kasuwarsu da sojojinsu da ma'aikatan jiragen ruwansu suka bazu da shi cikin duniya. Saboda haka suka daɗe suna ganin ba wanda zai koya musu kome a kan ƙwallo. Amma duk da wannan alfahari, tun daga 1930 da aka fara gasar Kofin Duniya har zuwa gasar 2022, sau ɗaya tak 'yan wasansu maza suka ɗauki kofin, watau cikin 1966. Mutumin da ya shugabance su a wannan shekara shi ne Alf Ramsey. Ga labarinsa.

Asalinsa

An haifi Alfred Ernest Ramsey ran 22 ga watan Janairu 1920 a Dagenham, gabas da Landan. A zamanin nan Dagenham ƙauye ne na manoma. Iyayensa talakawa ne, ubansa yana da ɗan fili da ya ke nomawa. Alf shi ne na uku cikin 'ya'ya biyar. Da ya kai shekara 14 ya bar makaranta, ya shiga aiki a wani kanti, yana kai wa mutane kayan cefane gida gida a kan keke. Ran hutu ne kaɗai ya kan sami zarafin buga ƙwallo tare da samarin unguwa.

Da Yaƙin Duniya na Biyu ya tashi, aka ɗauke shi soja cikin 1940. A soja ya sami abin da bai samu ba a kanti, watau lokacin wasa da abokan wasa gwanaye. Cikin 1943 mutanen ƙungiyar Southampton suka gan shi yana yi wa bataliyarsu wasa, suka neme shi. Bayan an gama yaƙi ya zauna da su, ƙwallo ta zama sana'arsa. Suka ajiye shi a baya wajen dama, yana tsaron gida.

Kada mai karatu ya zaci sana'ar ƙwallo ta lokacin nan irin ta masu dukiya ce. Akwai doka da ta ƙayyade iyakar abin da za a biya ɗan wasa, kome gwanintarsa. Cikin 1947 iyakar fam 12 ne a mako, cikin 1958 ta kai fam 20, ba a kuwa soke dokar ba sai 1961. Ɗan wasa lebura ne na ƙungiyarsa, ba shi da ikon barinta sai da yardar masu ita.

Janar na Tottenham

Ramsey ba shi da gudu, ba shi kuma da tsawo ƙwarai. Abin da ya ke da shi hankali ne da natsuwa. Ya kan gane inda ƙwallo za ta faɗi tun ba a bugo ta ba, ya je ya tsaya can. Galibin masu tsaron baya na zamanin in sun sami ƙwallo sai su ɗirka ta gaba, duk inda ta faɗi ruwanta. Shi kuwa sai ya ɗaga kai, ya duba, ya miƙa ta ga ɗan'uwansa. Cikin watan Disamba 1948 aka fara sa shi cikin 'yan wasan ƙasar Ingila, suka ci Suwizalan 6 da 0.

Cikin 1949 ya koma ƙungiyar Tottenham Hotspur ta Landan, a cinikin da aka ƙiyasta fam 21,000. A can ya gamu da manaja Arthur Rowe, wanda ya ke da wata dabara: ka ba ɗan'uwanka ƙwallo kusa kusa, ka ruga wurin da ba kowa, ya maido maka. Wannan dabara ta dace da halin Ramsey sarai.

Ƙungiyoyin Ingila an kasa su aji aji ne, kamar makaranta. Kowace shekara waɗanda suka fi maki a aji sai su hau na sama, waɗanda suka zo ƙarshe su gangara na ƙasa. Tottenham ta zo ta fari a aji na biyu cikin 1950, ta hau aji na ɗaya, a shekarar da ta biyo kuma, 1951, ta zama zakaran ƙasar duka. Abokan wasan Ramsey suka laƙaba masa Janar, don yadda ya ke tsara musu wasa daga baya.

Kaye biyu

Ramsey ya yi wa ƙasarsa wasa sau 32. Biyu daga ciki su ne mafiya muni da Ingila ta taɓa gani har zuwa lokacin.

Na fari cikin 1950 ne, sa'ad da Ingila ta fara zuwa gasar Kofin Duniya, a ƙasar Birazil. Ran 29 ga watan Yuni, a garin Belo Horizonte, suka kara da Amurka. Yawancin 'yan wasan Amurka suna da wasu sana'o'insu, ƙwallo ta gefe ce. Aka tashi Amurka na da 1, Ingila ba ta da ko ɗaya. Ingila ta koma gida tun daga zagayen farko.

Na biyu ran 25 ga watan Nuwamba 1953 ne, a filin Wembley na Landan. Kafin ran nan ba wata ƙasa daga wajen tsibiran Birtaniya da ta taɓa cin Ingila a gida. Sai ga 'yan Hungari sun zo, Puskas na shugabantarsu. A al'adar Ingila kowace lamba da wurin tsayawarta: mai lamba 9 yana can gaba a tsakiya, mai lamba 5 na abokan gaba yana tsare shi. To, mai lamba 9 na Hungari, Hidegkuti, sai ya ƙi tsayawa gaba, ya janye tsakiyar fili. Mai tsaronsa ya rasa abin yi: in ya bi shi ya bar gida a buɗe, in ya tsaya ya bar shi yana yin abin da ya ga dama. Hidegkuti ya jefa uku, aka tashi 6 da 3. Ramsey ya ci ɗaya daga cikin ukun Ingila da bugun daga kai sai mai tsaron gida. Wannan shi ne wasansa na ƙarshe ga ƙasarsa, yana da shekara 33.

Akwai wani abu kuma da ya gani da idonsa cikin waɗannan shekaru. Manajan Ingila na lokacin, Walter Winterbottom, ba shi da ikon zaɓen 'yan wasa. Wani kwamiti ne na manyan hukumar ya ke zaɓe, galibinsu shugabannin ƙungiyoyi ne da ba su taɓa yin ƙwallo sana'a ba. A wasan Amurka ma, wakilin kwamitin ne ya bar shahararren ɗan wasan nan Stanley Matthews a waje. Manaja ya koyar, wasu su zaɓa, in an sha kaye kuwa a rasa wanda za a tambaya.

Ipswich

Da ƙafa ta fara nauyi, Ramsey ya bar wasa cikin 1955, ya karɓi aikin manajan Ipswich Town. Ipswich gari ne a gabashin Ingila, tsakiyar ƙasar noma. Ƙungiyar ba ta shiga jerin manyan ƙungiyoyi ba sai 1938, a shekarar da ya zo kuwa ta gangara aji na uku ke nan. Ba ta da kuɗin sayen gwanaye. Sai ya dubi waɗanda ya tarar, ya auna abin da kowa ya iya, ya nemi aikin da ya dace da shi.

Cikinsu akwai wani siririn mutum ɗan Sikotilan, Jimmy Leadbetter, wanda ba shi da gudu, amma in ya aika ƙwallo sai ta je inda ya nufa. Ramsey ya ba shi lamba 11, watau ɗan gefen hagu. A al'ada ɗan gefe ya kan tsaya can gaba a bakin layi, ya ruga da ƙwallo har kusurwa, ya bugo ta tsakiya. Amma Ramsey ya ce wa Leadbetter ya janye baya. Mai tsaronsa sai ya shiga irin ruɗun da aka shiga a Wembley cikin 1953. In ya biyo shi, sai wuri ya buɗe a bayansa, Leadbetter ya jefa ƙwallo can, ƙarfafan 'yan gaba biyu, Ray Crawford da Ted Phillips, su ruga su ci. Ramsey kansa mai tsaron baya ne a dā, ya san abin da irinsa ba ya so.

Ipswich ta zo ta fari a ajinta cikin 1957, ta zo ta fari a aji na biyu cikin 1961. Da ta hau aji na ɗaya, masu jaridu da yawa suka ce ba za ta shekara ba sai ta koma inda ta fito. Amma ran 28 ga watan Afrilu 1962 ta zama zakaran Ingila da maki 56, Burnley na biye da 53. Crawford ya ci 33, Phillips ya ci 28. Wannan kuwa ita ce shekararta ta farko a aji na ɗaya tun da aka kafa ta.

Dabara kuwa, in an gane ta, ƙarfinta ya ragu. A farkon shekarar wasa ta gaba Tottenham ta sake tsarin masu tsaronta, ta ci Ipswich 5 da 1. Sauran ƙungiyoyi suka bi sawu.

Manajan Ingila

Cikin watan Oktoba 1962 Hukumar Ƙwallon Ƙafa ta Ingila ta naɗa Ramsey manajan 'yan wasan ƙasa. Ya kafa sharaɗi guda: shi kaɗai zai zaɓi 'yan wasa, ba ruwan kwamiti. Suka yarda. Daga ran nan nasara tasa ce, kaye ma nasa ne. Wasan farko da ya jagoranta, a Faris cikin watan Fabrairu 1963, Faransa ta ci su 5 da 2. Duk da haka ya fito fili ya ce Ingila za ta ci Kofin Duniya na 1966, wanda za a yi a ƙasarta. Mutane da yawa suka yi masa dariya.

Ya naɗa Bobby Moore shugaban 'yan wasa yana da shekara 22 kacal. Ba lalle ne wanda ya fi kowa suna shi zai zaɓa ba, ya kan nemi wanda zai yi aikin da a ke bukata a wurin da a ke bukata. Ga 'yan jarida mutum ne mai tsare gida, maganarsa gajera, ba fara'a. Ga 'yan wasansa kuwa uba ne: ya kan tsawata musu a ɗaki, ya kare su a waje. Ya yi shekara uku yana gwada 'yan gefe iri iri, bai sami waɗanda suka gamshe shi ba. Cikin watan Disamba 1965, a Madrid, ya fitar da 'yan wasa ba ɗan gefe ko ɗaya, suka ci Sifen 2 da 0.

Shekarar 1966

Ƙasashe 16 suka zo gasar, ba ko ɗaya daga Afirka. Dalili kuwa, hukumar ƙwallo ta duniya ta ware wa Afirka da Asiya da yankin Ostireliya wuri ɗaya tak su yi takara a kansa. Ƙasashen Afirka, har da Gana da Nijeriya, suka ce wannan raini ne, suka janye gaba ɗaya. Koriya ta Arewa ce ta sami wurin. Daga gasar 1970 aka ba Afirka wurinta na kanta.

Ingila ta fara da kunnen doki, 0 da 0, ita da Urugwai. Sa'an nan ta ci Meksiko 2 da 0, ta ci Faransa 2 da 0. A wasan Faransa abu biyu suka faru waɗanda suka gwada sharaɗin nan na Ramsey.

Na fari, Nobby Stiles, wani ɗan ƙaramin mutum mai zafin wasa wanda aikinsa ƙwace ƙwallo ne, ya yi wa wani Bafaranshe mummunar keta. Wasu manyan hukumar suka nemi a fitar da shi daga cikin 'yan wasa. Ramsey ya tambayi Stiles ko da gangan ya yi, ya ce a'a. Sai Ramsey ya gaya wa manyan, in Stiles ya fita shi ma ya bar aiki. Suka janye maganarsu. Da aka zo wasan kusa da na ƙarshe, Stiles ne ya tsare Eusebio na Fotugal, wanda ya fi kowa cin ƙwallo a gasar.

Na biyu, Jimmy Greaves ya ji ciwo a ƙwauri. Greaves shi ne gwanin cin ƙwallo na Ingila a zamanin, ya ci wa ƙasarsa 44 cikin wasa 57. Aka sa Geoff Hurst a madadinsa. Daga nan kuma Ramsey ya bar sa 'yan gefe, ya sa Alan Ball da Martin Peters, samari masu kai da komowa ba gajiya. Hurst ya ci ƙwallo ɗayan da aka fitar da Ajantina da ita. Wasan nan ya yi zafi, har alƙali ya kori shugaban 'yan Ajantina, Rattin. Bayan an tashi Ramsey ya hana ɗan wasansa musayar riga da su, ya kuma kwatanta wasansu da na dabbobi. Wannan kalma ta ɓata wa mutanen Amurka ta Kudu rai ƙwarai, ba su kuwa manta ba. Sa'an nan Ingila ta ci Fotugal 2 da 1, Bobby Charlton ya jefa duka biyun.

Kafin wasan ƙarshe Greaves ya warke. A lokacin ba a yarda a canja ɗan wasa ba in an fara, saboda haka wanda aka bari a waje ya rasa ke nan. Jama'a da jaridu da yawa suna son a maido Greaves. Ramsey ya bar Hurst.

Ran 30 ga watan Yuli 1966 Ingila ta kara da Jamus ta Yamma a Wembley, a gaban mutum fiye da 96,000. Jamus ta fara ci, Hurst ya rama, Peters ya ƙara. Saura kamar minti ɗaya a tashi sai Jamus ta rama, aka koma 2 da 2. 'Yan Ingila suka zube a ƙasa don gajiya da baƙin ciki. Ramsey ya shigo fili, ya tashe su tsaye, ya ce musu sun ci kofin sau ɗaya, sai su koma su sake cinsa. Cikin ƙarin lokaci Hurst ya buga wata ta daki ƙarfen sama ta faɗo ƙasa. Alƙali ya tambayi mataimakinsa mai tuta, ya ce ta shiga. Jamusawa ba su yarda ba, an kuma yi shekaru ana gardama a kan wannan ƙwallo. Daf da tashi Hurst ya ƙara ta uku tasa, aka tashi 4 da 2. Sarauniya Elizabeth ta miƙa wa Bobby Moore kofin. Sa'ad da fili ya ruɗe da sowa, Ramsey yana zaune a bencinsa bai motsa ba. Cikin 1967 aka ba shi lambar girma, ya zama Sir Alf Ramsey.

Juyin zamani

Cikin 1970 Ingila ta tafi Meksiko kare kofinta. 'Yan kallo na can ba su so ta, maganar nan ta 1966 tana cikin dalilai. Birazil ta ci ta 1 da 0 a zagayen farko, amma ta wuce. Ran 14 ga watan Yuni, a garin Leon, ta sake gamuwa da Jamus ta Yamma. Mai tsaron gidanta, Gordon Banks, ya kwana da ciwon ciki, aka sa Peter Bonetti. Ingila ta ci biyu. Beckenbauer ya rama ɗaya. Yanzu doka ta yarda a canja 'yan wasa, sai Ramsey ya fitar da Bobby Charlton, daga baya ya fitar da Peters, don su huta saboda wasan gaba. Jamus ta rama, ta kuma ƙara cikin ƙarin lokaci, aka tashi 3 da 2. Tun da shi kaɗai ya ke zaɓe, shi kaɗai aka zarga.

Daga nan abubuwa suka yi ta ja da baya. Aka ce ya cika riƙon tsofaffin 'yan wasansa, aka ce wasansa na tsoro ne, ba ya ƙayatarwa. Cikin 1972 Jamus ta Yamma ta zo Wembley ta ci su 3 da 1. Ran 17 ga watan Oktoba 1973 Ingila tana bukatar ta ci Folan kafin ta sami zuwa gasar 1974. Ta yi ta kai hari tun daga farko har ƙarshe, mai tsaron gidan Folan, Tomaszewski, ya yi ta tarewa, aka tashi 1 da 1. Wannan ne karo na farko da Ingila ta nemi zuwa gasar ta kasa.

Manyan hukumar ba su manta yadda ya raba su da ikonsu ba, shi kuwa bai taɓa neman faranta musu ba. 'Yan jarida ma ba shi da abokai da yawa cikinsu. Ran 1 ga watan Mayu 1974 aka sanar an sallame shi. Ya jagoranci Ingila a wasa 113, ya ci 69, ya yi kunnen doki 27, an ci shi 17. Hukumar ba ta sake ba shi wani aiki ba, ko na ba da shawara.

Ƙarshensa

Ya riƙe ƙungiyar Birmingham City ɗan lokaci kaɗan cikin 1977 da 1978, ya kuma yi aikin ba da shawara a wata ƙungiya ta ƙasar Girka. Bayan haka ya koma gidansa a Ipswich, ya zauna shi da matarsa, zaman mai ƙaramin ƙarfi. A ƙarshen rayuwarsa ciwon mantuwa ya kama shi. Ya rasu ran 28 ga watan Afrilu 1999, yana da shekara 79. Mutanen Ipswich suka sa wa wani titi da ke jikin filin wasansu sunansa, suka kuma kafa siffarsa a wurin cikin shekarar 2000.

Abin da ya bari ya fi kofin nan guda. Tun daga zamaninsa ba a sake maido kwamitin zaɓe ba, duk manajan Ingila da ya biyo baya shi ya ke zaɓen mutanensa, shi ya ke amsa tambaya. Ramsey ya nemi wannan iko ne yana sane da abin da ke tattare da shi, don Hausawa sun ce kowa ya ci ladan kuturu ya yi masa aski. Ya ci ladan cikin 1966, ya yi askin cikin 1974, 'yan wasansa kuwa ba su daina ambatonsa da alheri ba har suka tsufa.